Wandon Kyaftin Tackett

Ke Chela, kin taɓa ganin mutum ya sauko daga jirgi yana dariya, ana ta dukan kafaɗarsa, amma leɓensa fari fat kamar ya lashi gari? Ba ki taɓa ba. To ni na gani, kuma mace ce. Jawo kwanon nan kusa ki riƙa ɓare barkonon kina ji, kada dai ki kai hannu ido.

Sunanta Lorna Tackett. Kyaftin ce lokacin da ta zo mana, 'yar shekara ashirin da tara, gajera, ga faɗin ƙugu irin na matan gona. 'Yar Oklahoma ce, can gefen da ba bishiya ko ɗaya sai iska. Ubanta feshin gonaki yake yi da wani ƙaramin jirgi mai launin rawaya, uwarta tana tuƙa motar 'yan makaranta. Tana shekara goma sha huɗu uban ya fara sakar mata jirgi a sama, yana bayanta yana cin gyaɗa. Ita ta ba ni wannan labarin da bakinta, da sauran abin da zan gaya miki na cikin jirgi, don ni ban taɓa hawa ba, ba kuma zan hau ba.

Da ta shiga sojan sama ta fi duk 'yan ajinsu. Amma a lokacin doka ba ta bar mace ta taɓa jirgin yaƙi ba, sai aka ajiye ta tana koyarwa. Shekara huɗu tana kujerar baya tana koya wa samari tuƙi. Wani ya yi amai a jirgi ta rufa masa asiri, wani ya ɓata hanya ta dawo da shi. Su gama su wuce jirgin yaƙi, ita ta juyo ta ɗauki sababbi. Rannan aka ce an canza doka. Cikin matan da aka fara zaɓa har da ita, aka turo ta sansaninmu na bayan dutsen nan ta yi wata shida tana koyon faɗa a sama.

Ni kin san ban yi makaranta ba. Ina shekara bakwai ina gonar auduga bayan babana. Sunana kawai nake iya rubutawa, shi ma kakanki ya koya mini da za mu yi aure. Amma lambar tef ɗin awo na san ta, kuma shekara ashirin da shida na yi a kan keken ɗinki a ɗakin da ake ninke laimar tsira, ake gyara kayan matuƙa. Duk abin da matuƙi zai sa a jikinsa ta ɗakinmu yake bi.

Ranar da ta iso 'yan jarida sun cika bakin ƙofa. Kanar, shugaban sansanin, ya kira ta ofis ya ce mata ba za a ƙara mata komai ba, ba za a rage mata komai ba. Shi da kyakkyawar niyya ya faɗa. Ita abin da ta ji shi ne kada ta kuskura ta roƙi wani abu da namiji bai roƙa ba.

To akwai wani wando da suke ɗorawa a kan kayansu. Idan jirgin nan ya yi kwana da ƙarfi, jinin mutum gudu yake yi daga kai ya taru a ƙafa, ido ya rufe, mutum ya suma. Shi wandon yana da roba a ciki da mesa da ake haɗawa da jirgi. Da an yi kwana sai ya kumbura ya matse cinya da ƙwauri da mara, ya tare jinin. Amma sai ya kama jiki tam. Igiyoyi ne a bayan ƙafa da bayan ƙugu, kuma mutum ba ya iya ɗaure wa kansa, sai wani ya durƙusa ya ja masa. Littafin ƙa'idar aikinmu ya ce yatsu biyu kawai za su shiga tsakanin wando da jiki, su ma da ƙyar.

Mai wannan aikin a wurinmu Saje Mabry ne, shugaban ɗakinmu. Dogo, mai sanƙo, dattijo ne a cocinsu, 'ya'yansa huɗu duk mata. Mutumin kirki, ki riƙe wannan. Idan namiji ya zo awo, Saje zai durƙusa ya sa masa gwiwa a baya ya ja igiya har mutum ya yi nishi, ya daki cikinsa ya ce, "Yallaɓai, ko ka rage giya ko in ƙaro yadi." Haka yake yi wa kowa, har Kanar.

Sai dai shekara biyu kafin nan an yi wani abin kunya a wani taron hafsoshi can wani gari, maza suka sha suka riƙa taɓa mata, manya da yawa suka rasa aikinsu. Tun daga nan ake tara mu ana karanta mana: kada a taɓa, kada a ƙura ido, kada a yi wasa. Mazan ɗakinmu suka zama kamar masu tafiya a kan kwalba. Ko almakashi za su miƙo mini sai su ajiye a tebur in ɗauka.

Da Lorna ta shigo awo, ina kan kekena ina gani. Saje ya ɗauko wando ya ajiye a benci, ya ja da baya. Mafi ƙanƙanta bai wuce ƙugunta ba, don an yanka shi ne a jikin namiji, miƙe zar. Sai ya ɗauko na gaba da shi. Wannan ya wuce, amma ya saki a sama. Saje ya tsaya yana kallon silin yana gaya mata inda za ta ja, ita tana lanƙwasa hannu baya tana ja. Ya tambaye ta ko ya kama. Ta dubi samari uku da ke jiran layi a bayanta, ta ce ya kama. Ya sa hannu a takarda. Minti biyar ba a yi ba. Ni ma na gani na yi shiru, don ba a tambaye ni ba. Wannan shirun har yau yana cina.

Watanni biyu na farko ba abin da ya faru, don tashi ne da sauka da bin hanya. Sai aka zo koyon faɗa, jirgi biyu, kowa yana neman bayan ɗan'uwansa. A nan ake kwana mai tsanani. Ranar farko da ta ja sandar tuƙi da ƙarfi, ta ji wandon ya kumbura, amma a mara sai ya kumbura a banza, bai taɓa ta ba. Hasken duniya ya fara tsukewa daga gefe, kamar tana leƙe ta cikin bututu. Sai ta sassauta. Ganinta ya dawo, amma malamin nata, da ke ɗaya jirgin, ya riga ya zauna a bayanta. Haka rana ta biyu, haka ta uku. Malamin ya rubuta cewa hannunta yana da kyau amma ba ta da zafi, tana tsoron jirgi. Ya kayar da ita a gwajin farko. A can sau uku ake faɗuwa, na uku sai a tattara kaya.

Ba ta da zafi. Yarinyar da ta tashi tana bi ta ƙarƙashin wayar lantarki da jirgin feshi. Maganar ta tsaya mata a wuya. Sai ta samo ƙaramin tawul ta ninke huɗu, ta riƙa cusawa a mara kafin ta ja zif.

Ranar gwaji na biyu Litinin ce, cikin Nuwamba. Ta ce ta ƙudura ko me zai faru ba za ta sassauta ba. Suka haɗu, ta kwantar da jirgi ta ja iya ƙarfinta. Bututun nan ya zo, ya tsuke, ta ci gaba da ja. Tawul ya zame gefe. Sai ta ga kanta a kicin ɗin uwarta tana neman murfin tukunya, hankalinta kwance, ana ta kiranta daga waje tana cewa tana zuwa. Muryar da ke kiran nan ta jirgin ce, akwai wata muryar mace da aka naɗa a ciki mai gargaɗi idan ƙasa ta matso. Ta buɗe ido ta ga hamada ta cika gilashi, har tana iya ƙirga ciyawa. Hannunta bai ma san nata ba ne. Da ƙyar ta tuna abin da sandar nan take yi. Ta ja. Jirgin ya ɗago.

Malamin yana can sama, ya ɗauka ɓace mata ya yi ta nutsa nemansa har ta keta iyakar da aka yi musu. Ya yi ta faɗa a rediyo. Kaset ɗin ya nuna hancin jirgin ya faɗi, bai nuna idonta ba. Faɗuwa ta biyu ke nan. Aka sa na ƙarshe ranar Alhamis.

Ranar Litinin ɗin ce na gan ta ta taga tana saukowa daga tsani tana dariya, makanikai suna tsokanarta wai ta je gaida zomaye, ita tana rama musu. Na ga leɓen nan na ce a raina ba lafiya ba.

Banɗakin mata ɗaya ne a duk ginin. Na bar kekena na bi ta. Na same ta zaune a ƙasa, ta sa kai tsakanin gwiwoyi, ko wandon ba ta cire ba.

Ta ce, "Doña Femia, zafi ne kawai." Haka take kirana, Doña kamar a ce Uwargida.

Na ce, "Zafi a Nuwamba? Tashi in gani, 'yar nan."

Ta tashi. Bakin tawul yana leƙowa ta gefen ƙugu. Na zare shi, na dunƙule hannu na sa a wurin. Hannuna ya shige har wuyan hannu, da sauran wuri. Muka tsaya muna kallon juna. Sai ta zauna a kan murfin masai ta gaya mini komai, a hankali, kamar labarin wata take bayarwa.

Na ce ta je wurin likita yanzun nan. Ta girgiza kai. Ta ce duk wanda ya suma a sama ana sauke shi a yi ta bincike, namiji ya yi wata guda ya koma, ba wanda zai ji. Ita kuwa 'yan jarida suna da lambar wayar uwarta.

Ta ce, "Idan na faɗa, ba Lorna ce ta suma ba. Mata ne suka suma. Akwai shida a bayana suna jiran su ga yadda zan ƙare."

Ta kama hannuna ta sa na yi alkawari ba zan faɗi maganar suman ba. Na yi. Ban san me ya sa na yi ba, idonta ne.

Chela, ranar ban iya ɗinki ba. Shekara tara kafin nan mun rasa wani ƙaramin laftana a wannan hamadar. Lafiyayyen yaro, yana cikin kwana ya daina magana, jirginsa ya shige ƙasa ko ƙoƙarin fita bai yi ba. Abin da aka kawo ɗakinmu don a duba, a cikin ƙaramar jaka aka kawo shi. Ni na ga ƙusar da yake rataye kayansa a bango wata biyu ba komai a rataye. Duk lokacin da na ɗaga kai ranar sai in ga ƙusar Lorna.

Na yi tunanin in ɗauki wandon in rage a ɓoye. Amma kayan nan ba a sa musu allura sai da sa hannun Saje, zaren ma na musamman ne, a kabad ɗinsa yake kulle. Kuma ko na rage ƙugu, wa zai ja igiyar ƙafa ya gwada a injin iska? A hanyar gida na tsaya a coci na kunna kyandir. Kakanki ya tambaye ni me ya sa waken ya ƙone, na ce masa ciwon kai.

Talata da safe Saje yana zuba kofi, na ɗauko wandon daga ƙusa na shimfiɗa a teburinsa. Na ɗauko na wani namiji na ajiye kusa. Na namijin duk ramukan igiya sun ja, yadin ya yi sheƙi don matsi. Nata kamar jiya aka fito da shi daga leda.

Na ce, "Saje, yatsu nawa littafinka ya ce?"

Ya ce biyu, me ya kawo tambayar.

Na ce, "To wannan kabewa za ta shiga. Da hannunka ka ɗaure shi?"

Sanƙon nan nasa ya yi jawur. Ya ce Kyaftin da bakinta ta ce ya kama. Na ce tun yaushe yake tambayar matuƙi, shi da yake sa wa Kanar gwiwa a baya. Ya rufe ƙofa, ya rage murya ya ce saura masa shekara biyu ya yi ritaya, kuma na ji abin da ake karanta mana. Idan ya durƙusa a gaban matar nan hannunsa a cinyarta wani ya shigo, me zai ce wa matarsa, me zai ce wa 'ya'yansa huɗu.

Na ce, "Da ɗaya daga cikin huɗun ce za ta hau jirgin nan jibi da wannan buhun fa?"

Kofin ya huce a hannunsa. Can ya ce in gaya wa Kyaftin Tackett ana nemanta gobe ƙarfe takwas, duba kaya na wata-wata.

Laraba ta zo. Saje ya kori samarin ɗakin, ya buɗe ƙofa wangame ya tokare ta da kujera, ya ce in tsaya kusa in zama shaida. Ya durƙusa, gumi yana bin wuyansa. Kafin ya taɓa ko'ina sai ya sanar kamar mai shela: Kyaftin, zan sa hannu a ƙwaurin hagu. Kyaftin, zan hau sama da gwiwa. A karo na huɗu Lorna ta gaji.

Ta ce, "Saje, ina shekara goma sha biyu na zura hannu har kafaɗa na ciro ɗan maraƙi daga cikin uwarsa. Ja igiyar nan mu tafi."

Dariya ta ƙwace masa. Daga nan hannunsa ya tuna aikinsa. Ya ja har ta riƙe gefen tebur tana cije baki. Ƙafafu suka kama tam.

Sai ƙugu. Ya ja igiyar baya har ramuka suka haɗe, ba sauran abin ja, amma yatsunsa huɗu suka shige. Ya buɗe littafi ya yi ta juya shafi. Akwai yadda ake ƙara wa mai tumbi, akwai yadda ake rage wa gajere tsawo. Ba kalma ɗaya a kan mai faɗin ƙugu da siririn ciki. Ya sake zura yatsu, sai ya fito da zaren tawul fari maƙale a farcensa. Ya daɗe yana kallonsa. Mutumin nan shekara ashirin da biyu yake wannan aikin, ya san abin da ke sa mutum ya cusa tsumma a wando.

Ya miƙe tsaye ya ce, "Kyaftin, zan yi miki tambaya sau ɗaya. Idonki ya taɓa rufewa a sama?"

Idan ta ce e, dole ya kai rahoto kafin rana ta yi tsaka, shi ke nan. Ta dube shi ido cikin ido ta ce a'a.

Ya juyo ya dube ni. Ni kuwa na sami abin kallo a jikin kekena. Mu ukun nan kowa ya san ƙarya ce, kowa ya san ɗan'uwansa ya sani. Ya je ya buɗe kabad, ya ɗauko zaren, ya ajiye a gabana. Ya ciro takarda ya rubuta gyaran da littafi bai san da shi ba, ya sa sunansa a ƙasa.

Ya ce mini, "Femia, idan allurarki ta taɓa robar nan ko sau ɗaya, ni da ke gyaɗa za mu koma sayarwa a bakin titi."

Na ɗinka rigunan aure sun fi hamsin, ban taɓa jin tsoron yadi ba sai ranar. Na tsuke shi gefe biyu kamar yadda ake tsuke siket, na bi da alli, na farke, na sake. Robar tana nan kwance ƙasa da faɗin yatsa daga inda allura za ta bi. Ban taka keken da ƙafa ba, da hannu na riƙa juya shi, ɗinki ɗaya-ɗaya, layi uku kowane gefe. Abin da ba zai ɗauke ni rabin awa ba, sai da na kai ƙarfe uku na yamma. Saje ya haɗa shi da injin iska ya hura, muka zuba wa allurar agogon awon iskar ido minti guda. Ba ta motsa ba. Lorna ta sa, yatsu biyu suka shiga da ƙyar.

Amma a benci ne wannan. A sama, nauyin mutum yakan ninka har sau takwas, ɗinkin da ya riƙe a ƙasa yana iya fashewa. Kuma ban sani ba ko wandon ne kaɗai matsalar. Idan fa jikinta ne da gaske? Idan fa mun taimaka mata ne ta je ta kashe kanta?

Alhamis ƙarfe tara suka tashi. Na ji su a ƙirjina, ɗaya bayan ɗaya. Saje ya zauna yana ninke laima guda, ya warware, ya sake ninkewa. Ni carbina yana aljihun rigar aikina ina ja ba tare da na san me nake karantawa ba.

Goma saura kwata jiniya ta tashi. Motocin kashe gobara biyu suka fita da gudu. Ban san lokacin da na kai bakin ƙofa ba, takalmi ɗaya a ƙafata. Saje yana waya, fuskarsa kamar toka. Ya ajiye ya ce wani ne daban, tsuntsu ya shiga injinsa, yana dawowa lafiya. Na zauna a ƙasa a wurin.

Goma da minti ashirin suka sauka. Ta sauko daga tsani a hankali kamar tsohuwa, ba dariya wannan karon. Malamin nata yana gefenta yana ta nuna mata da tafin hannu biyu yadda ta shigo bayansa. Ta wuce kowa ta nufi banɗaki, na bi ta. Ta zuge zif ta nuna mini. Sawun igiya ja-ja tun daga ƙwauri har mara, kamar an zane ta da bulala. Ta ce ta ja har jirgin yana kuka, duniya ko gezau ba ta yi ba. Sai ta kifa kai a kafaɗata tana kuka. Na bar ta har ta gama.

Ta ƙare wata shidanta lafiya. Aka yi biki, aka ɗauki hoto, uwarta ta zo da kek a mota tun daga Oklahoma. Aka ce za a tura ta wata runduna a wata jiha, saura mata sati ɗaya ta tafi. Ni na ɗauka magana ta mutu.

A satin nan ta ji cewa wata Laftana Begay tana zuwa, 'yar siririya. Wannan ba ta dame ta ba, don muna nan. Sauran ne suka dame ta, waɗanda za a tura wasu sansanoni inda ba wanda ya san abin da muka sani. Ta tambayi Saje ina takardar gyaran nan ta tafi. Ya ce tana aljihun teburinsa. Ya tura sama an dawo masa da ita, wai ba a canza littafi don jin daɗin mutum ɗaya, sai an ga abin ya taɓa jawo haɗari. Haɗarin kuwa yana nan, mu uku muka binne shi.

Ta zo ta same mu ta ce za ta je ta gaya wa Kanar komai. Na roƙe ta. Na ce ta riga ta tsallake, ta sami abin da ta jira shekara huɗu, kuma yanzu ba suma kaɗai za a tambaye ta ba, ƙarya ce, ita kuwa soja ba ya yafe ta. Ta ce ta sani. Ta juya wurin Saje ta ce sunansa yana kan takarda, idan ya ce kada ta je ba za ta je ba. Ya shafa sanƙonsa ya ce ta ba shi minti goma ya sa rigarsa ta fita, tare za su shiga.

Bari in gaya miki yadda ta ƙare, don ni ma a bakin mutane na ji. Ranar aka ɗauke ta zuwa asibitin soja a wata jiha, kayanta ma wasu suka haɗa mata. Wata biyar ba ta taɓa jirgi ba. Sau uku suna sa ta a wani injin juya mutum su ga ko za ta suma, ba ta suma ba. Suka mayar da ita bakin aiki. Shekara goma sha ɗaya ta ƙara a jirgin yaƙi, har ƙetare ta je sau uku, duk lokacin da aka nuna jirage a talabijin sai in tashi in bar ɗakin. Amma ƙaryar nan tana cikin fayil ɗinta. Waɗanda ta koya wa tuƙi suka riƙe shugabancin runduna, ita ba a taɓa ba ta ba. Saje ya yi ritaya da takardar gargaɗi. Ni ba wanda ya kira ni, ba su zaci tela da ba ta iya karatu ba tana da hannu a irin wannan. Bayan shekara ɗaya da rabi sabon shafi ya zo a littafi. Ban iya karanta shi ba, amma zanen na gane shi, tsukewa gefe biyu, layi uku-uku. Duk Kirsimeti takan aiko mini kati, hoto kawai da sunanta, ta san ba na karatu. Muryarta dai ban ƙara ji ba.

Ranar da za su shiga, na bi su har barandar ofishin Kanar, ban san me zan yi a can ba. Saje ya yi gaba ya tsaya a bakin ƙofa. Ita ta tsaya tana ƙoƙarin gyara wuyan rigarta, yatsunta sun ƙi. Matar da ta ɗago jirgi daga bakin ƙasa, maɓalli ɗaya ya gagare ta. Na ture hannunta na sa mata, na daidaita kafaɗar. Ta ja numfashi, ta dubi ƙofar, ta dube ni.

Ta ce, "Doña Femia, koma ɗakinku. Idan na waiwayo na gan ki tsaye a nan, ba zan iya shiga ba."